Gashin Tuffar Don Froilán

"…lafiya lau, 'yar nan, in kin cire mutuwar da nake yi. Shigo. Goge ƙafarki tukuna."

Da wannan Don Froilán Barría ya tari jikarsa Yasna a bakin ƙofa, wata Asabar ta ƙarshen watan Afrilu. Shekara talatin ke nan shinge ɗaya ya raba gonata da tasa, don haka abin da ban gani ta tagar kicin ɗina ba, Yasna ta cike min shi daga baya.

A wajenmu, lokacin kaka ya yi nisa a watan nan. An gama haƙar dankali, tuffa ta zube a gindin bishiyoyi har tumaki sun fara kallonta suna wucewa, ruwa kuma yana ta sauka a tsibirin namu na Chiloé ba ƙaƙƙautawa. Tun da sassafe tsohon ya buga mata waya can Puerto Montt, inda take aikin jinya, ya ce ƙirjinsa ne, ta zo maza, kuma kada ta gaya wa uwarta. Ta roƙi wata abokiyar aikinta ta riƙe mata ranar, ta yi tuƙin awa uku har da jiran jirgin fito. Ta iso ta tarar da mutum ɗan shekara tamanin da uku a tsaye cak, ya yi aski, ya sa farar riga mai karin guga, yana tashin ƙamshin wani turare da rabon a buɗe kwalbarsa tun bikin uwarta.

"Tata," ta ce wa kakan nata, "ina ƙirjin?"

"Ga shi nan inda kika bar shi."

"Ka ce min ciwo yake."

"Cewa na yi ƙirjina ne. Ciwon ke kika ƙara. Ku mutanen asibiti ba kwa jin magana sai kun cusa mata ciwo."

"Zauna. Miƙo hannu."

Ta fito da abin awon jini daga jaka, ta ɗaura masa a dantse, ta matsa, ta tsaya tana kallo.

"Nawa ne?" in ji shi.

"Ya fi nawa kyau."

"Dole. Ni ba na cin abincin leda."

"Nawa ya hau ne saboda wani tsoho ya sa na taho ina tuƙi ina kuka, ina tunanin rigar da za a binne shi da ita."

"Wacce kika zaɓa?"

"Buhun dankali."

"Sabo ko tsoho?"

"Wanda ɓera ya ci."

"Kin ga abin da ya hana ni mutuwa ke nan."

Ta naɗe abin awon, ta mayar cikin jaka, ta ɗauki makullin motarta daga kan tebur. Nan ne ya yi gyaran murya, ya kalli rufin ɗaki kamar yana neman inda ke yoyo.

"Doña Edelmira za ta zo shan shayi ƙarfe biyar."

Yasna ta ajiye makullin a hankali.

"Wace Edelmira?"

"Edelmira nawa kika sani?"

"Mai saƙar barguna? Wadda mijinta ya rasu shekara shida? Mai zama a layin gaba a coci?"

"Layi na biyu. Layin gaba na masu son a gan su ne."

"Ashe har ka san layin da take zama."

"Ina da ido."

"Ɗaya da rabi, in ji likita."

"Rabin nan ya fi naki biyun. Ke da kika yi shekara biyu kina kallon wancan mai gemun akuya kina cewa kyakkyawa ne."

"Mun rabu da shi."

"Na sani. Rago na yanka ranar."

"To, ta zo ta sha shayinta. Ni mene ne nawa a ciki?"

Da ƙyar maganar ta fito. Lahadin da ta wuce, bayan an tashi daga coci, Doña Edelmira ta ce a gaban mutane wai duk mazan ƙauyen nan, in ka ɗauke musu mata, kwana huɗu ya ishe su mutuwa da yunwa. Shi kuma bakinsa ya riga hankalinsa. Ya ce ban da shi. Ta ce me ya iya? Ya waiga, ya ga bishiyar tuffa a bayan coci, ya ce yana gasa tuffa da fulawa irin wadda in mutum ya ci sai ya zauna ya yi shiru. Ta ce to, Asabar tana nan tafe.

"Ba ka yi ƙarya ba," in ji Yasna. "Duk wanda ya ci girkinka shiru yake yi. Wasu har yau ba su sake magana ba."

"Ke me kika sani? Shekarar da na je askin tumaki a Patagoniya, ni na ciyar da mutum arba'in wata uku cur."

"Bara mutum ashirin ka ce."

"Na tuno sauran."

"Kaka Orfelina ta ce ɗebo ruwa aka sa ka."

"To wa ya taɓa girki ba ruwa?"

"Tata, na gan ka da idona ka ɗora buta a wuta ba komai a ciki, ka zauna kana jira ta tafasa."

"Gwada ta nake yi. Yanzu ki saurara. Ga fulawa can, ga sukari, ga ƙwai. Ki gasa abin nan, ki share wurin, ƙarfe huɗu da rabi ki fita ta ƙofar baya. Motarki kuma ki kai ta bayan rumbu."

Yasna ta cire rigar ruwanta ta rataye. Ta haɗa wa kanta shayin mate, ta zagaya bayan murhu ta zauna a kan benci, ta miƙe ƙafa.

"Hannuna ba zai taɓa fulawa ba."

"Ciwo yake?"

"Lafiyarsa ƙalau. Amma in matar nan ta aure ka saboda girkina, ni ya kamata a kai coci a ɗaura min aure da ita."

"Wa ya yi maganar aure? Shayi ne."

"Turaren da ka zuba ba na shayi ba ne. Tun daga bakin shinge idona ke hawaye. Kai za ka gasa, ni zan faɗa maka yadda ake yi. In ba haka ba, jirgin ƙarfe uku yana jirana."

"Ranar da aka haife ki na ce wa uwarki a duba sosai, wataƙila musanya aka yi."

"An duba. Hancinka ne ya tona asiri."

Ya kalli agogon bango. Ƙarfe biyu saura. Ya naɗe hannun farar rigarsa, ɗaya bayan ɗaya, kamar wanda za a yi wa allura.

"Irin na kakarki za mu yi?"

"A'a. Wancan sai an murza kwaɓi, an shimfiɗa, an gyara baki. Ko wata guda na ba ka ba za ka iya ba. Akwai wani da wata likita 'yar Amurka ta koya min. Sunansa kobla."

"Na taɓa yin kare mai wannan suna."

"Ba ka taɓa ba."

"Da na yi, da ya dace da shi."

"Ɗauki bokiti. Tuffa takwas, masu tsami, na bishiyar bayan rumbu."

Ta taga na hango shi ya fito da buhu a ka, yana bin gindin bishiyoyi yana tsinta yana magana shi kaɗai. Bai daɗe ba ya koma ciki. Yasna ta ɗauki ɗaya daga bokitin, ta juya ta, ta nuna masa wani ɗan rami.

"Wannan akwai mai gida a ciki."

"Nama ne kyauta."

"Na ƙasa ka tsinto. Na ce ka tsinko daga bishiya."

"Na ƙasa da kansu suka sauko, sun shirya ke nan. Na sama har yanzu shawara suke yi."

"Koma."

Ya koma. Wannan karon da sanda na gan shi, yana kaɗar reshe, ruwan da ke kan ganye yana zubo masa a wuya. Da ya dawo ya zauna, ya zaro wata 'yar wuƙa daga aljihu ya buɗe.

"Tata, ba da wannan kake yanke wa tumaki kofato ba?"

"Ba su taɓa ƙorafi ba."

"Ajiye ta. Ga ta kicin can. Wanke hannu da sabulu, har gwiwar hannu."

"Gasa tuffa za mu yi ko tiyata?"

"In ka ci gaba a haka, duka biyun."

Ya fara fera. Ɓawon da yake cirewa ya kai kaurin tafin takalmi, abin da ke saura a hannunsa kuma bai wuce ƙwan kaza ba.

"Wanne za mu gasa, wannan ko wanda ka zubar?"

"Ina cire mata sanyin da ta kwasa ne."

"Rage hannu. Ba jirgin ruwa kake sassaƙa ba."

A ta biyar hannunsa ya faɗa, don mutum ne da ya yi shekara hamsin yana aikin kafinta, yana fasa itace sala-sala yana rufa wa mutane gidaje. Ɓawon ya fara fita siriri, a nannaɗe, bai tsinke ba. Ya ɗaga shi sama ya nuna mata. Ita kuwa ta zuƙi shayinta ta kalli bango. Ya yanyanka su, ta sa ya matsa rabin lemun tsami, ya zuba sukari rabin kofi, kirfa cokali ɗaya, da ɗan garin fulawa don ruwan ya yi kauri, ya gauraya.

"Yanzu buɗe tanderu mu ga halin da yake ciki."

Murhun nasa na ƙarfe ne mai cin itace, irin na kowane kicin a nan, tanderun yana gefen wutar. Ya tsuguna ya buɗe. Ya ciro safa guda biyu na ulu, sun bushe sun yi tauri.

"Mene ne wannan?"

"Sun kusa nuna."

"A nan kake shanya safa?"

"Wuri ne mai ɗumi, ba kowa a ciki."

Ya sake zura hannu can ciki, sai ya tsaya. Abin da ya jawo wani tsohon tire ne na ƙarfe mai zurfi, ya yi baƙi, kusurwa ɗaya ta lotse. Na matarsa Orfelina ne. Shekara uku ke nan da rasuwarta, kuma tun ranar da ta mayar da shi ciki ba wanda ya motsa shi. Ya zauna a ƙasa da shi a cinya, yana shafa lotsewar da babban yatsa.

"Ni na yi wannan," in ji shi. "Na taɓa tokare ƙofa da shi. Kwana biyu ba ta yi min magana ba."

Yasna ta ajiye shayinta.

"Gidan nan ya yi shiru, 'yar nan. Rediyo nake bari a kunne don kawai in ji mutum biyu suna musu." Ya dubi tiren. "Kina ganin za ta ji haushi?"

"Sosai ma."

Ya ɗago kai.

"Ba don Edelmira ba. Don tuffa huɗun farko da ka lalata. Da tana nan da ta kore ka waje da tsintsiya."

"Da ta yi," in ji shi. Ya ja hanci, ya dafa murhu ya miƙe. "Hayaƙi ne. Itacen nan ɗanye ne."

"Na gani. Ni ma ya shiga min ido. Wanke tiren, ka shafa masa man shanu."

Ya wanke, ya shafa, ya juye tuffar a ciki.

"Tsaya," ya ce. "Ina gindinsa?"

"Ba shi da gindi. Tuffa a ƙasa, kwaɓi a sama."

"Gida ba harsashi, sai rufi kawai?"

"Haka yake."

"Likitar nan taku, marasa lafiyarta suna tashi kuwa?"

"Fulawa kofi biyu. Sukari rabin kofi. Bekin hoda cokali biyu ƙanana. Gishiri ɗan abin da yatsa uku suka ɗauka. Yatsun mutane, ba naka ba. Kai biyu sun isa."

Ta sa ya yanka man shanu mai sanyi gutsi-gutsi a cikin garin, ya riƙa murtsuke shi da kan yatsu har ya koma kamar tsaki. Ya fasa ƙwai ɗaya, rabin ɓawon ya bi shi ciki, suka yi minti biyar ana farauta. Da aka zuba madara sai ya tattaro ƙarfinsa duka ya danna kwaɓin da hannu biyu.

"Sake shi! Ba rago ba ne, ba gudu zai yi ba."

"Ana nuna wa kwaɓi wane ne mai gida."

"In ka nuna masa, zai fito kamar dutse, matar ta bar sauran haƙoranta a gidanka. Juya shi sau goma da cokali ka ƙyale shi."

"Haƙoranta duka nata ne."

"Har wannan ka bincika?"

"Dariya ta yi na gani."

"Dariyar me?"

"Ba ruwanki."

Aka zo ɗorawa. Ta ce ya riƙa ɗiba da cokali yana ajiyewa a kan tuffar, curi-curi, yana barin fili a tsakani. Ya ajiye guda tara, ya ja baya ya dube su, fuskarsa ta canza. Ya juya bayan cokali ya fara lailaye su yana haɗe bakinsu.

"Me kake yi?"

"Toshe ramuka."

"Bar su."

"Yasna, rabin gidajen da ke tsakanin nan da Dalcahue ni na rufa su. Ba wanda ya taɓa ajiye kwano a tsakar ɗaki saboda aikina. Ba zan fara a shekara tamanin da uku ba."

"Ta ramukan nan tururi zai fita. In ka toshe, ƙasan kwaɓin zai zama kunu."

"Rufin da ke yoyo da gangan."

"Ƙwarai."

"In wani ya tambaya, ban san wanda ya yi shi ba."

Ya sake buɗe ramukan da bakin cokali, yana kau da kai. Ta sa ya barbaɗa sukari a sama. Sannan ta ciro wayarta ta duba.

"Zafin tanderu ya zama digiri ɗari da tamanin."

"To. Nuna min inda aka rubuta."

Ta tashi ta leƙa gaban murhun, ta leƙa gefensa. Ƙarfe ne baƙi, ba lamba ko ɗaya.

"Gidanku lantarki ne, ko? A murɗa a tafi kallon talabijin." Ya zura hannu cikin tanderun, bakinsa yana motsi, ya zaro a ƙidaya ta takwas. "Bai yi ba. Sai in ba na iya wuce biyar." Ya je lungun itace ya zaɓo guda biyu busassu masu nauyi, ya ajiye wani mai fari a gefe. "Wannan ihu ne da shi, ba zafi. Matsa, ki ga aiki. Makarantar da aka kai ki shekara biyar ba a koya muku wuta ba?"

"An koya mana jinyar waɗanda suke zura hannu a ciki."

Amma ta matsa, ta zuba masa ido har ya gama. Da hannunsa ya kasa wuce biyar, ya tura tiren ciki ya rufe.

"Minti arba'in," in ji ta. "Kada ka buɗe."

Ya zauna. Ya tashi. Ya jera kofuna biyu, ya sauya musu wuri, ya mayar da su inda suke. Ya nufi murhu.

"Tata."

"Gaishe shi zan yi."

"Zauna."

Ya zauna, yana kaɗa ƙafa.

"Uwarki ba za ta so maganar Edelmira ba."

"Mama za ta yi sati guda ba ta yi maka magana ba."

"Alkawari ne?"

"Bayan satin kuma za ta zo da kanta, da lissafin duk abin da ka yi ba daidai ba tun tana 'yar shekara shida."

"Ita fa uwarta take gani a kowace kujera ta gidan nan. Ni ma haka. Amma kujera ba ta amsa gaisuwa."

Ƙamshin kirfa da man shanu ya fara cika kicin ɗin, ya bi bututun hayaƙi ya tsallako shinge har ya same ni ina tsefe ulu. Don Froilán ya dubi gaban rigarsa, ya ga fulawa tun daga wuya har ciki.

"Bari in sauya riga."

"Kada ka kuskura. Ita ce shaidarka."

Ƙarfe huɗu da rabi ta ce ya buɗe. Saman ya yi ja kamar zuma, curin sun kumbura sun tsattsage, ruwan tuffa yana ɓulɓulowa ta ramukan yana daskarewa a baki. Ya ɗauko da tsumma ya ajiye a tebur. Ya daɗe yana kallo.

"Rufin banza ne," ya ce. "Amma ya tsaya."

"Ka gode min."

"Wuta ce ta yi aikin. Yanzu tashi, ƙofar baya."

Tana cikin sa rigar ruwa aka ƙwanƙwasa ta gaba. Biyar saura kwata. Doña Edelmira Oyarzo ba ta taɓa makara ba a rayuwarta, kuma ba ta bari a gama shiri kafin ta iso. 'Yar ƙaramar mace ce, shekara saba'in da takwas, da takalmin roba da baƙar lema. Ta shigo, ta kaɗe lemar, ta dubi tire, ta dubi tsohon, ta dubi Yasna da hannu ɗaya a cikin riga.

"Barka da yamma, Don Froilán. Yasna, ashe kina gari."

"Yanzu zan wuce, Doña Edelmira."

"Zo nan. Mu ga hannunki."

Yasna ta miƙa. Matar ta juya su, ta duba farce ɗaya bayan ɗaya. Fes.

"Don Froilán, naka."

Ya miƙa kamar ɗan makaranta. Kwaɓi ya bushe a ƙarƙashin kowane farce, ga 'yar ƙuna a bayan hannu. Ta saki, ta ja kujera ta zauna.

"A zuba min."

Ya ɗiba ya sa mata a faranti. Ta hura, ta ci cokali ɗaya. Ta tauna a hankali tana kallon taga. Ta ci na biyu.

"Ba shi da gindi."

"Da gangan ne," in ji shi. "Ramukan nan kuma ta nan tururi ke fita. Wanda bai sani ba sai ya toshe su, ƙasan ya zama kunu."

Yasna ta yi tari a bakin ƙofa.

"Ka daɗe kana yin sa?"

"Na ɗan jima."

"Tun yaushe?"

"Tun… ƙarfe biyu."

Doña Edelmira ba ta yi dariya ba, amma gefen bakinta ya motsa. Ta share farantin tas, ta tura masa.

"Ƙara min. Lahadi mai zuwa 'ya'yana da jikokina za su zo daga Ancud. Mutum goma sha shida. Ka zo ka yi musu irin wannan a gidana. Ina so su gan ka."

"Goma sha shida kawai?"

"Murhuna na gas ne."

"Ba komai," in ji shi, da muryar da ba tasa ba.

Yasna ta yi musu sallama ta fita. Ta tayar da mota ke nan ta hango shi a madubi, ya biyo ta cikin ruwa ba hula, yana ɗaga hannu. Ta sauke gilashi.

"An manta wani abu?"

"Ba a manta komai ba. Na zo duba tayarki ne." Ya harbi tayar da ƙafa. "Tana nan. In mutum zai yi na goma sha shida, kofi nawa zai sa?"

"Wane mutum?"

"Wani abokina."

"Ka ce masa ya zo da kansa."

"Zan ba ki buhun tuffa."

"Na ƙasa ko na sama?"

"Zan ƙara miki zuma kwalba biyu."

"Ba na shan zaƙi."

"Kaza. Baƙar nan mai ƙwai kullum."

"Ina zan ajiye kaza a hawa na huɗu? Magana ɗaya nake so. Ka ce Yasna ta fi ni."

Ya kalli sama, ruwa yana dukan fuskarsa. Ya kalli tagar kicin, inda inuwar Doña Edelmira ke zuba wa kanta shayi.

"Yasna ta fi ni. Yau."

"Da Lahadi."

"Da Lahadi. Litinin kuma kowa ya koma matsayinsa."

Sai dariya ta ƙwace masa, irin wadda na yi shekara uku ban ji ta tsallako shingen nan ba, har ya dafa motar. Yasna ta ciro biro, ta rubuta masa komai a bayan tikitin jirgi, da manyan baƙaƙe, har da yadda ake kunna gas ba tare da an ƙone gira ba.

"Mama kuma ka bar min ita," ta ce. "Ni zan gaya mata."

Ya ninke tikitin ya cusa a aljihun ƙirji, ya ce ta jira. Ya zagaya bayan gida, aka ji kuka da fuka-fuki, ya dawo da baƙar kazar a cikin kwali ya tura kujerar baya kafin ta buɗe baki.

"Ki sa mata suna Yasna. Ita ma ba ta yin shiru."

Motar ta bi hanya ta ɓace. Ya tsaya a bakin ƙofarsa, ya shafa gashinsa da hannu biyu, ya gyara wuyan rigar da ta jiƙe sharkaf. Daga ciki muryar matar ta fito, ba gaggawa:

"Froilán, shayinka yana hucewa."

Sunansa tsura, ba "Don" ɗin girmamawa a ciki. Da kunnena na ji, don a lokacin na riga na fito har bakin shinge, wai ina duba tumaki.